Littafin Gado

   Mai goro da mai shanu, mahauci da dillali, direba da yaron mota, uwargida mai tuyar ƙosai a bakin tasha, kowa ya matso kusa. Maganar yau ta shafi gidan kowa.

Za mu yi zancen gado. Kun san gadon da a ke rabawa bayan mutum ya rasu, gida da gona, shanu da tufafi. Amma akwai wani gado wanda a ke ba mutum tun yana cikin uwarsa. Ba alƙali a wurin rabonsa, ba shaidu, ba kuwa mai iya cewa ba ya so. Tsawonka, da launin fatarka, da kamannin fuskarka, har da irin jinin da ke gudu a jikinka, duka daga wannan gado su ke. An rubuta wani ɗan littafi a kansa, wanda masana na dukan duniya su ke girmamawa. Ina so in ba ka labarinsa, abokina, gama abin da ke cikinsa yana iya tsare gidanka daga baƙin ciki mai yawa.

Abin da makiyayi ya sani

Je ka kara ranar kasuwa, ka duba shanu. Ga farar saniyar Fulani, doguwa mai tozo. Tana da kyaun gani, amma in ta shiga kurmi inda tsando ya ke, sammore ya kan kama ta, ta rame, ta mutu. Ga kuma gajeriyar saniya marar tozo, irin ta mutanen duwatsun Atakora, wadda mu ke kira muturu. Ba ta da girma, amma tana jure cizon tsando. Shekara da shekaru waɗannan biyu suna barbara a ƙasan nan, har aka sami iri na uku, wanda likitocin dabbobi su ke kira da sunan ƙasar, watau saniyar Borgu. Ta ɗauko girman jiki daga wannan gefe, ta ɗauko juriya daga wancan.

Makiyayi ya san bijimin da zai bari cikin garke, ya san wanda zai dandaƙe. Manomi kuma ya kan ware zangarniya mafi kyau, ya rataye ta domin iri. Dukansu sun san barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe.

Amma akwai abin da ya kan ɗaure mana kai. Yaro ya kan tsallake ubansa ya ɗauko kamannin kakansa. Mata da miji baƙaƙe su kan haifi zabiya. Uba lafiyayye, uwa lafiyayya, su kan haifi ɗa wanda ba ya rabuwa da ciwo. Sai mu ce albasa ba ta yi halin ruwa ba, mu bar zancen a nan. Ina abin ya ɓuya, har ya fito daga baya?

Mutumin da ya ƙidaya wake

A shekara ta 1822 aka haifi wani yaro, ɗan talakan manomi, a ƙasar da yanzu a ke kira Cek, can tsakiyar Turai. Sunansa Mendel. Da ya girma ya zama fada, ya zauna a wani gidan ibada a birnin Brno. Kada ku ji kamar Barno tamu, tsakaninsu akwai hamada da teku. Sau biyu ya shiga jarrabawar zama cikakken malamin makaranta, sau biyu bai ci ba. Amma mutum ne mai haƙuri, ya kuwa iya lissafi.

A gidan nan akwai lambu. Daga 1856 zuwa 1863 ya yi ta shuka wani irin wake na ƙasarsu, tushe wajen 28,000. Akwai iri mai tsawo, akwai gajere. Ya kan ɗebi garin furen wannan, ya sa a furen wancan da hannunsa, kamar mai ɗaura aure, ya rufe furen domin kada ƙwari su kawo wani gari. Sa'an nan ya jira, ya shuka 'ya'yan, ya ƙidaya, ya rubuta.

Ga abin da ya gani. Da ya haɗa dogo da gajere, 'ya'yan duka suka fito dogaye. Ko gajere ɗaya babu. Da wani ne sai ya ce gajarta ta mutu ke nan. Shi kuwa ya bar dogayen nan suka yi nasu 'ya'ya, ya shuka jikokin. Cikin tushe 1,064 ya sami dogaye 787, gajeru 277. Ashe gajarta tana nan! Ya gwada da launin ƙwayar waken, ya sami rawaya 6,022, kore 2,001. Hali 7 dabam dabam ya gwada, kowane kuwa lissafin ɗaya ne: kusan 3 na wannan, 1 na wancan.

Daga nan ya gane dokar. Cikin kowane hali, mai rai yana riƙe da rabo biyu, ɗaya daga uba, ɗaya daga uwa. Ba su narkewa cikin juna kamar fura da nono. Suna zaune ne kamar tsaba biyu cikin ƙoƙo guda. Wani rabo mai rinjaye ne, shi a ke gani. Wani mai laɓewa ne, ba ya fitowa fili sai ya gamu da irinsa. Sa'ad da mai rai zai haihu, ɗaya kaɗai cikin biyun ya ke miƙa wa ɗansa, ba shi ne kuwa ya ke zaɓa ba.

A 1865 Mendel ya karanta wannan a gaban taron masanan garinsu. A 1866 aka buga shi, ɗan littafi wanda bai kai shafi 50 ba. Ya aika wa manyan masana, amma ba su kula ba. Ya rasu a watan Janairu 1884, duniya ba ta san abin da ya bari ba. Sai a 1900 waɗansu masana uku, ɗaya a Holand, ɗaya a Jamus, ɗaya a Ostiriya, suka tono littafin, suka tarar gaskiya ya faɗa. Yau ba makarantar likita ko ta aikin gona inda ba a koyar da dokokinsa. Ɗaliban Jami'ar Paraku ma, wadda aka buɗe a 2001, sai sun bi ta kansu.

Littafin da ke cikin jikinka

Mendel ya gane dokar, amma bai ga inda rabon ya ke a ajiye ba. Waɗanda suka zo bayansa suka gani. Jikinka an gina shi da ƙwayoyi ƙanana ƙwarai, ido ba ya ganinsu sai da madubin likita. A cikinsu akwai wani zare mai kama da dogon layin rubutu, masana suna kiransa DNA. A 1953 aka gane yadda a ke tufka zaren nan, a ƙasar Ingila. An naɗe shi kundi 46, 23 daga ubanka, 23 daga uwarka. Haruffan rubutunsa 4 ne kaɗai, amma an jera su har wajen miliyan dubu 3 a kowane gefe. A 2003 masana suka sanar sun karanta kusan dukansa.

To, ka ga littafi biyu ke nan. Na Mendel yana ɗakunan karatu na Turai. Ɗayan kuwa kana yawo da shi cikin kasuwa, ko ka iya karatu ko ba ka iya ba. Saniya tana da nata, doya da auduga suna da nasu.

Wanda ya yi karatun boko ya san aikin harafi ɗaya. Rubuta "baki", ka sa wa harafi ɗaya ƙugiya, ya zama "baƙi". Haka a littafin jiki. Akwai wani wuri inda aka rubuta yadda za a yi jan abin nan na cikin jini, mai ɗaukar iskar da mu ke shaƙa ya kai ta ko'ina a jiki. A wurin waɗansu mutane harafi ɗaya tak ya sake a wannan layi. Daga nan ne ciwon da mu ke kira amosanin jini ya fito. Mutanen Nijeriya suna ce da shi sikila. A asibitocin ƙasan nan, da Faransanci, sunansa drépanocytose.

Amosanin jini

Jar ƙwayar jini ta mai lafiya kewayayya ce mai taushi, kamar 'yar masa. Tana lanƙwasa ta wuce ta ƙaramar jijiya, ta kan kuwa yi kwana wajen 120 tana aiki. Ta mai amosanin jini ta kan tanƙware ta zama kamar lauje, ta yi tauri, ta mutu cikin kwana 10 zuwa 20. Wani likita a Shikago ta Amurka ne ya fara ba da labarin ƙwayoyin nan masu kama da lauje, a 1910. In sun taru a ƙaramar jijiya su kan toshe ta, kamar yadda kara ya kan toshe magudanar ruwa da damina. Inda jini bai kai ba, nan ciwo ya ke tashi.

Kun san irin yaron da na ke nufi. Tun yana wata shida ko kusa da haka hannuwansa da ƙafafunsa su kan kumbura, ya yi ta kuka ba a san dalili ba. Idonsa ya kan yi rawaya. Jini ba ya isarsa. Da hunturu ya kama, ko ruwan sama ya dake shi, sai ƙasusuwansa su yi ta sara kamar ana buga musu guduma. Zazzaɓin da zai kwantar da wani yaro kwana biyu, shi yana iya ɗauke shi a dare ɗaya. Waɗansu gidaje sun binne biyu, sun binne uku, har aka ce matar tana wabi, aka sa wa na huɗu suna Ajuji ko Ayashe. Ba kowane wabi ne amosanin jini ba, gama zazzaɓin cizon sauro da ƙyanda su ma suna kashe yara. Amma da yawa shi ne, ba a sani ba.

A 1949 aka tabbatar ciwon nan yana bin dokar Mendel sawu da sawu. Rabon jini mai lafiya likitoci suna kiransa A. Wanda harafinsa ya sake suna kiransa S. A mai rinjaye ne, S mai laɓewa. Mai AA lafiyayye ne. Mai AS shi ma lafiyayye ne, yana noma, yana dako, yana dambe, bai san yana ɗauke da kome ba. Mai SS shi ne mai ciwon. Akwai kuma wani rabo, C, wanda ya fi yawa a Burkina Faso, da arewacin Gana, da Togo, da arewacin Benin, watau a ƙofar gidanmu. In S ya gamu da C, wannan ma ciwo ne, ko da shi ke sau da yawa bai kai SS tsanani ba.

Kada ka ce abin na 'yan kaɗan ne. A Nijeriya wajen mutum 1 cikin 4 yana ɗauke da S a laɓe, a kan kuwa haifi jarirai wajen 150,000 da ciwon kowace shekara. A nan Benin masu ɗauke da S sun kai wajen 1 cikin 5. Dubi layin rumfunanku a kasuwar Arzeke, ka ƙidaya mutum biyar biyar. Me ya sa ya yi yawa haka a ƙasashenmu? A 1954 wani likita mai suna Allison ya nuna, a Afirka ta Gabas, cewa yaro mai AS ya fi sauran yara tsira daga mugun zazzaɓin cizon sauro. Saboda haka inda sauro ya yi yawa, masu AS suka rayu, suka hayayyafa. S guda ɗaya garkuwa ne. Guda biyu ne masifa.

Lissafi da goro

Ku mutanen Jugu, kakanninku sun ga ayarin fatake daga Kano da Sakkwato suna zango a garinku, za su Gwanja sayen goro. Ba wanda zai koya muku goro. To, bari mu yi lissafin da shi.

Ɗauki farin goro, a ce shi ne A. Ɗauki jan goro, a ce shi ne S. Sa fari ɗaya da ja ɗaya cikin aljihunka na dama, wannan shi ne miji mai AS. Sa fari ɗaya da ja ɗaya cikin na hagu, wannan ita ce mata mai AS. Yanzu rufe idonka, ka zaro ɗaya daga dama, ɗaya daga hagu. Abin da ke hannunka, shi ne ɗan da aka haifa.

Hanya huɗu ce. Fari da fari, yaro AA. Fari daga uba, ja daga uwa, yaro AS. Ja daga uba, fari daga uwa, AS kuma. Ja da ja, yaro SS, mai ciwo. Uku lafiyayyu, ɗaya mai ciwo. Ka ga lissafin waken Mendel ya fito a gidan mutum.

Amma lura da wannan ƙwarai. Bayan kowace zara sai ka mai da goron cikin aljihu. Aljihu ba ya tuna abin da ya bayar jiya. Kada wani ya ce, "Mun haifi mai ciwo ɗaya, ukun da ke zuwa lafiyayyu ne." Kowane ciki sabuwar zara ce. Wani gida su haifi shida ba mai ciwo ko ɗaya, wani gida su haifi uku a jere duka masu ciwo.

Yanzu fid da jan goro daga aljihun dama, ka sa fari, su zama fari biyu. Wannan miji AA ne. Yi ta zara har rana ta faɗi, ba za ka taɓa samun ja biyu ba. Ko da matar SS ce, 'ya'yansu duka AS za su zama, ba mai ciwo a cikinsu.

Laifin wa?

Ya kai maigida, ina so ka ji wannan da kunnen basira. Ja biyu ba su fitowa daga aljihu ɗaya. In ɗanka yana da amosanin jini, rabi daga wurin uwarsa ya zo, rabi daga wurinka. Sau nawa a ka kori mace a kan wannan, a ka ce jininta ne ba kyau? Sau nawa uwar miji ta ce, "Mu a danginmu ba mu da irin wannan"? Wani ya kan saki matar, ya auro wata. In sabuwar AA ce, 'ya'yanta su fito lafiya, sai ya ce, "Kun gani?" Bai ga kome ba. Jan goronsa yana nan cikin aljihunsa, ya kuwa miƙa wa waɗansu cikin 'ya'yan nan, zai jira jikoki.

Sau nawa kuma a ka zargi kishiya da sammu, ko wata tsohuwar maƙwabciya da maita? An ɓata zumunci, an kashe kuɗin jari wurin masu magani, an yi wa yaro tsaga da ƙaho, an zubar da ɗan jinin da ya rage masa. Ciwon nan ba a jifan mutum da shi. Ba a ɗaukarsa wurin cin abinci kwano ɗaya ko kwana ɗaki ɗaya. Uba bai zaɓa ba, uwa ba ta zaɓa ba. Rashin sani ya fi dare duhu, amma wanda aka kunna wa fitila ba shi da sauran hujja.

Me za ka yi?

Na ɗaya, ka san naka jini. Ba a gane AS da ido, ko a fuska ko a ƙarfin jiki. Sai an ɗebi ɗan jini an auna. Je ka babban asibitin Borgu a Paraku, ko asibitin da ke kusa da kai a Jugu, ka ce kana son awon da su ke kira électrophorèse. Matambayi ba ya ɓata. Abin da awon ya nuna ba ya sakewa har ƙarshen ranka, saboda haka ka adana takardar kamar takardar fili. In kana shakka, ka sake awon a wani wuri amintacce.

Na biyu, a yi awon da wuri. Ya ku iyaye, kada ku bari sai an kai gaisuwa, an sa rana, an haɗa lefe. A lokacin nan janyewa tana da wuya, kunya kuwa ta kan sa mutane su rufe ido. Ku auna 'ya'yanku tun ba a fara zancen aure ba. Masu auren zumunci su ƙara lura, gama 'yan'uwa daga kaka ɗaya su ke gado. Amma bare ma a auna shi. A Jihar Kano an sa hannu a doka a 2024, ba a ɗaura aure sai an yi awon jini. Kai ba sai doka ta tilasta ka ba. Kada kuwa ka nemi takardar ƙarya domin a ɗaura. Takarda tana ruɗin waliyyi, amma ba ta ruɗin jini, yaron da bai san kome ba shi zai biya.

Na uku, ku da kuka riga kuka yi aure, ku biyu AS, ban ce ku rabu ba. Ku san halin da ku ke ciki, ku yi shawara da likita, ku kai kowane jariri a auna shi tun yana ɗanye. A Kwatano an fara auna jarirai tun 1993, an kuwa ga yaran da aka gane da wuri, aka lura da su, suna rayuwa su girma.

Na huɗu, in akwai mai ciwon a gidanka, ga abin da zai taimake shi. Ya riƙa shan ruwa da yawa. Ya kwana cikin gidan sauro kowane dare. A rufe masa jiki da hunturu, kada a yi masa wanka da ruwan sanyi. A cika masa alluran rigakafi duka. Likita ya kan ba ƙananan yara penisilin kullum har su kai shekara 5. Akwai kuma wani magani, hydroxyurea, mai rage tashin ciwon, amma sai da umurnin likita. In jikinsa ya yi zafi, ko numfashi ya yi masa wuya, ko tafin hannunsa ya yi fari fat, ko ɓarin jikinsa ya saki, kada a jira gari ya waye, kada a jira a tashi kasuwa. A kai shi asibiti nan da nan.

A 2023 Ingila da Amurka suka yarda da wani magani wanda ya ke gyara rubutun littafin jikin mai ciwon. Amma kuɗinsa ya fi dala miliyan 2 ga mutum ɗaya. Wa zai iya a cikinmu? Awon jini kuwa bai kai kuɗin akwati ɗaya na lefe ba.

Kai kuma mai amosanin jini da ke jin maganan nan, kada ka karai. Masu irin ciwonka sun yi karatu, sun yi fatauci, sun yi aure sun haihu. Nemi mai AA, 'ya'yanku ba za su sha abin da ka sha ba. Kowace shekara, ran 19 ga Yuni, duniya tana tunawa da ku.

Abokina, in za ka sayi buhun wake, kana soka tsinke ka ga abin da ke ciki. In za ka sayi saniya, kana buɗe bakinta ka duba haƙora. Yaya za ka ba da 'yarka, ko ka ɗauko 'yar wani, ba ka duba abin da zai bi jikokinka ba? Littafin Mendel ya yi shekara 34 a ajiye kafin a kula da shi. Naka littafin shekara nawa ke nan kana ɗauke da shi ba ka buɗe ba? Kada ka ce sai bayan girbi, ko sai kasuwa ta yi kyau. Je ka a cikin makon nan.

In ka gama karanta 'yar takardan nan, kada ka ƙunshe ƙosai da ita. Karanta wa maƙwabcinka na rumfa, ka karanta wa mutanen gidanka da dare, ku gwada lissafin goron tare. Allah ya raya mana zuriya, ya ba marasa lafiya sauƙi. Sai mun sake saduwa, ku huta lafiya.